Ranar da aka fasa gilashi don kallon gawar ɗan fim

Ga rubutaccen shirinmu na wannan makon, saboda waɗanda data ta yi musu ƙaranci, da kuma waɗanda suka fi son karatu a kan saurare.

Yau za mu koma baya kusan shekara ɗari. Ranar Talata ce, 24 ga watan Agusta 1926, a birnin New York na Amurka. Tun da safe mutane suka fara taruwa a titin Broadway, a ƙofar gidan shirya gawa na wani mutum mai suna Frank Campbell. Kafin la'asar titi ya cika ya batse, ba masaka tsinke. Aka yi ta turereniya har gilashin gaban gidan ya tarwatse, mutane da dama suka ji rauni, mata suka yi ta suma, sai da aka kawo 'yan sanda a kan dawaki suka riƙa kutsawa cikin jama'a. An ƙiyasta cewa mutum kusan 100,000 ne suka fito a 'yan kwanakin nan. Ba shugaban ƙasa ne ya mutu ba, ba kuma wani babban malamin coci ba. Ɗan fim ne ɗan shekara 31, sunansa Rudolph Valentino.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, mafi yawan waɗanda suka zo suna kukan nan ba su taɓa jin muryarsa ba. Ko sau ɗaya. Domin a zamanin finafinai ba su da magana. Hoto ne kawai yake motsi a allon majigi, baƙi da fari, in an zo wurin magana sai a nuna rubutu, a gefe kuma ga mai kiɗan fiyano yana bin labarin da kiɗa. To yaya aka yi mutum ya so wanda bai taɓa jin muryarsa ba har ya yarda doki ya taka shi don ya ga gawarsa?

Sai mun ɗan ƙara komawa baya kafin mu gane. Shekara 17 kacal kafin wannan rana, 'yan fim a Amurka ko suna ba su da shi.

Da gaske nake. Wajen 1908 zuwa 1909, in ka biya santi biyar ka shiga ɗaya daga cikin ƙananan gidajen kallon da ake kira nikelodiyan, za ka ga sunan fim da tambarin kamfani, shi ke nan. Ba wanda zai gaya maka sunan yarinyar da ta sa ka kuka. Dalili biyu ake bayarwa. Na farko, masu kamfanoni sun san in aka san sunan mutum to kuɗinsa zai tashi. Na biyu kuma, su kansu 'yan wasan da suka fito daga dandamalin wasan kwaikwayo kunyar fim suke ji, suna ganinsa sana'ar rufin asiri ce ta lokacin da babu aiki, ba sa son a san sun yi.

Amma 'yan kallo ba makafi ba ne. Suna ganin fuska ɗaya tana dawowa mako bayan mako, kuma a daidai lokacin masu ɗaukar fim sun fara matso da kyamara kusa da fuska. Ku yi tunanin mutumin da bai taɓa ganin haka ba: yana zaune cikin duhu, ga fuskar mace ta cika bango, yana ganin hawayenta yana gangarowa. A dandamali ba ka samun wannan kusancin ko da kana layin gaba. Kuma tunda ba ta magana, kai ne za ka sa mata murya a zuciyarka, irin wadda kake so. Ni a ganina nan ne asirin abin yake. Rabin tauraron kamfani ne ya yi shi, rabi kuwa mai kallo ne ya ƙarasa shi da kansa.

Sai wasiƙu suka fara zuwa kamfanin Biograph da ke New York. Wace ce yarinyar nan? Tana da aure? Kamfani ya yi gum. Da mutane suka ga ba za a faɗa musu ba, sai suka raɗa mata suna da kansu, suna kiranta Yarinyar Biograph. Sunanta na gaskiya Florence Lawrence, an haife ta a garin Hamilton na Kanada a 1886, kuma ta fito a finafinai da yawa na darakta D. W. Griffith. Fuskarta ta zaga Amurka, amma in ta shiga shago ta faɗi sunanta ba wanda zai ɗago kai.

A 1909 ta rabu da Biograph, sai wani ɗan kasuwa mai wayon tsiya ya ɗauke ta. Carl Laemmle ke nan, baƙo daga Jamus, mai kamfanin IMP, wanda daga baya ya kafa Universal. A lokacin yana cikin rigima da gungun manyan kamfanonin da Thomas Edison yake jagoranta, waɗanda suka so su mallake harkar fim gaba ɗaya. Yana neman makamin da zai yaƙe su da shi, sai ya same shi a sunan wannan yarinya.

A farkon 1910 labari ya bazu cewa Yarinyar Biograph ta mutu, wai jirgin lantarki na cikin gari ne ya buge ta. A watan Maris sai ga Laemmle ya sayi fili a mujallar 'yan harkar fim, ya buga hotonta da sunanta, yana cewa ƙarya ce maƙiyan kamfaninsa suka ƙirƙira, Florence Lawrence tana nan da ranta, kuma ga sabon fim ɗinta nan tafe. Yawancin masu tarihin fim sun yi amanna shi da kansa ya shuka jita-jitar. Wato ya kashe ta a jarida, ya tashe ta a jarida, ya kuma tsaya yana zagin wanda ya yi ƙaryar. Kun ga wannan salon da kuke gani yau a intanet, a wayi gari a ce wane ya mutu, zuwa yamma ya fito a bidiyo yana cewa ga ni da raina? Tsohon yayi ne, kakanninsa sun yi shi.

Don ya tabbatar wa mutane, Laemmle ya tura ta birnin St. Louis tare da abokin wasanta King Baggot. Jama'a suka yi dafifi a tashar jirgi, aka yi ta jan rigarta har aka tsinke maɓallanta, kowa yana son ya tafi gida da wani abu nata. A nan zan ɗan yi gyara, domin sau da yawa za ku ji an ce Laemmle ne ya ƙirƙiri taurarin fim shi kaɗai a rana ɗaya. Ba haka ba ne. Wasu kamfanoni irin su Kalem da Vitagraph sun riga sun fara fitar da sunaye da hotunan 'yan wasansu a wannan tsakanin. Abin da St. Louis ya nuna wa kowa shi ne yawan kuɗin da ke kwance cikin wannan soyayya.

Daga nan fa ba a sake waiwaye ba. A 1911 mujallu biyu suka fito, Motion Picture Story Magazine da Photoplay. Da farko labaran finafinai suke bugawa, amma nan da nan suka gane ba labarin fim mutane suke nema ba, labarin ɗan fim suke so. Me take ci? Wane irin gida yake kwana? Aka buɗe shafin amsa tambayoyin masu karatu, aka fara gasar zaɓen gwani, kamfanoni suka ɗauki ma'aikata waɗanda aikinsu kawai buɗe wasiƙu da tura hoto mai sa hannu. Sau da yawa ma ba tauraron ne ya sa hannun ba. Zuwa ƙarshen zamanin, an ce Clara Bow ta samu wasiƙu sama da 45,000 a watan Janairun 1929 kaɗai.

In rayuwar ɗan wasa ba ta da armashi, sai a ƙera masa wata. Misalin da ya fi ba ni dariya shi ne Theda Bara. Kamfanin Fox ya gaya wa duniya cewa an haife ta a hamada, a gindin gunkin Sifinis na Masar, mace ce mai asiri mai halaka maza. Har aka riƙa yaɗa cewa in ka jujjuya haruffan sunanta da Turanci za su ba ka "mutuwar Larabawa". Gaskiyar magana, sunanta Theodosia Goodman, 'yar wani tela ce Bayahude daga Cincinnati a jihar Ohio. Shi kuwa Francis X. Bushman, wanda mata suke mutuwar so, ɓoye aurensa aka yi da 'ya'yansa biyar, don kada masoya su karaya. Da asiri ya tonu a 1918, lokacin da ya saki matar ya auri abokiyar wasansa Beverly Bayne, sai kasuwarsa ta faɗi warwas.

Akwai wadda ta fahimci wasan ta kuma ci ribarsa. Mary Pickford, ita ma 'yar Kanada, ita ma ta fara a Biograph ba suna. Zuwa 1916 tana karɓar dala 10,000 a mako, a 1919 kuma ita da Charlie Chaplin da Douglas Fairbanks da Griffith suka kafa kamfaninsu na kansu, United Artists. Amma ko ita ba ta tsira ba. Da ta auri Fairbanks a 1920 suka je Landan yawon amarci, jama'a suka yi mata caa har sai da angon ya ɗaga ta a kafaɗa ya ratsa da ita. Kuma masoyanta sun ƙi yarda ta girma. Tana da shekara talatin da ɗoriya tana fitowa a matsayin ƙaramar yarinya mai dogon gashi, domin abin da suke biya su gani ke nan. Ranar da ta yanke gashin a 1928, labarin sai da ya hau shafin farko na jarida.

To yanzu mu dawo kan mutumin da muka bari a akwatin gawa.

An haifi Rodolfo Guglielmi a 1895 a Castellaneta, wani ƙaramin gari a kudancin Italiya. Ya sauka New York a ƙarshen 1913 yana ɗan shekara 18, ya sha wahala, ya yi aikin lambu, daga baya ya zama ɗan rawar haya, wato matan masu kuɗi su biya ya yi rawa da su a gidajen shaƙatawa. Da ya koma Hollywood sai aka riƙa ba shi rawar mugu, domin a idon masu fim na lokacin, baƙo mai duhun fata da baƙin gashi ai sai dai mugu. Wata marubuciyar fim mai suna June Mathis ce ta gan shi ta dage sai an ba shi babban matsayi a The Four Horsemen of the Apocalypse a 1921. Ku riƙe sunanta, za mu sake haɗuwa da ita. A fim ɗin ya yi rawar tango ta 'yan mintuna, kuma wannan rawar ce ta canza masa rayuwa.

A shekarar dai ya fito a The Sheik. Labarin wani shugaban Larabawan hamada ne, Ahmed Ben Hassan, da ya sace wata Baturiyar Ingila ya kai ta tantinsa, a ƙarshe ta kamu da sonsa. In kun kalle shi yau za ku ga tsantsar jahilcin Hollywood game da Larabawa da Musulmi, hamadar ma a Kalifoniya aka ɗauke ta. Kuma don kada ran Turawa ya ɓaci, a ƙarshen fim sai aka bayyana cewa ai shehin ba Balarabe ba ne, ubansa Bature ne ɗan Ingila, uwarsa 'yar Sifaniya. Amma fim ya karɓu fiye da zato. Har kalmar shehi, wadda mu muka sani ta malamai da dattawa ce, ta koma a bakin samarin Amurka tana nufin saurayi mai tashen 'yan mata.

Mata suka haukace a kansa. Maza kuwa da yawa suka tsane shi, kuma wannan ɓangaren ne ba a cika faɗa ba. Namijin da Amurka ta saba da shi a fim shi ne irin Fairbanks, mai tsalle-tsalle da faɗa da dariya. Ga wani baƙo ya zo yana shafa mai a gashi, yana rawa, yana sa abin hannu, kuma matansu da ƙannensu suna tururuwar kallonsa. Jaridu suka sa shi gaba da habaici a kan mazantakarsa.

Rayuwarsa ta gida kuma ba ta yi kama da ta allo ba ko kaɗan. Matarsa ta farko, Jean Acker, a daren aurensu a 1919 ta kulle ƙofa ta bar shi a waje. Da ya auri ta biyu, Natacha Rambova, a Meziko a 1922, aka kama shi da laifin auren mata biyu, domin dokar Kalifoniya ta ce sai saki ya cika shekara. Ya yi rigima da kamfanin Famous Players-Lasky a kan albashi da irin finafinan da ake sa shi, lokacin ana biyansa dala 1,250 a mako alhali finafinansa suna kawo maƙudan kuɗi. Kotu ta hana shi yi wa wani kamfani fim, sai ya koma yawon rawa gari-gari yana tallar man kwalliyar Mineralava a 1923 don ya samu na kashewa. Auren na biyu ma ya mutu. Ga bashi ya yi masa katutu, domin hannunsa a sake yake.

A watan Yulin 1926 jaridar Chicago Tribune ta buga wani sharhi marar sa hannu. Wai marubucin ya ga na'urar sayar da hoda a banɗakin maza a wani gidan rawa, sai ya ɗora laifin lalacewar mazan Amurka a kan Valentino, ya kwatanta shi da auduga mai ruwan hoda da mata suke shafa kwalliya da ita. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai. Ya fito a jarida ya ƙalubalanci marubucin ya zo su dambata, marubucin bai taɓa bayyana kansa ba. Ya je har wurin shahararren marubuci H. L. Mencken neman shawara, shi kuma ya ce masa ya ƙyale, abin zai wuce. Mencken ya rubuta daga baya cewa abin da ya gani a wannan zama shi ne saurayi mai mutunci wanda shahararsa ta zame masa azaba.

Ranar 15 ga Agusta ya faɗi a masaukinsa a otal ɗin Ambassador. Aka kai shi asibitin Polyclinic, aka tarar gyambon ciki ne ya fashe, aka yi masa tiyata. An ruwaito cewa da ya farfaɗo, abin da ya tambayi likita shi ne ko ya jure ciwon kamar namiji ko kuwa ya yi irin abin da jaridar nan ta kira shi. Ku ji fa. Mutum yana bakin mutuwa, abin da ke cin ransa maganar wani ne da bai ma san fuskarsa ba. Ciwon ya ruɓa ya bazu, ranar 23 ga Agusta ya cika.

Abin da ya biyo baya, ni dai ban san ko makoki zan kira shi ko kasuwa ba. Aka ga wasu mutum huɗu da baƙaƙen riguna sun tsaya gadin gawa, aka ce Mussolini ne ya turo su daga Italiya don girmamawa. Daga baya ta bayyana hayarsu aka yi don a ƙara wa abin armashi. Jaruma Pola Negri ta taso daga Kalifoniya tana cewa ai an yi musu baiko, ta aiko da furanni da aka jera suka rubuta sunanta, ta zo ta yi ta suma a gaban akwati, masu ɗaukar hoto suna ta aiki. Jaridar Evening Graphic, wadda ta ƙware wajen haɗa hotunan bogi, har hotonsa ta buga wai ga shi a lahira tare da mawaƙi Caruso. Jaridu suka kawo rahotannin masoyan da suka kashe kansu. Jita-jita ta tashi cewa guba aka ba shi, wasu suka ce gawar ma ta kakin zuma ce. Manajansa George Ullman, da ya ga yadda wasu suke shigowa suna dariya kamar sun zo kallon wasa, ya sa aka rufe ƙofa aka daina shigar da jama'a.

Ba na cewa duk na ƙarya ne. A cikin taron nan akwai 'yan mata ma'aikatan masaƙu da shaguna, akwai baƙi 'yan Italiya da suke ganinsa a matsayin nasu da ya yi nasara a ƙasar da take raina su. Wanda ya yi sa'a goma yana aiki, ya biya 'yan santinsa ya zauna a duhu ya manta da wahalarsa na awa ɗaya, in ya yi kuka ba za ka ce masa munafuki ba. Sai dai kukan nasa akwai masu lissafa shi. Fim ɗinsa na ƙarshe, The Son of the Sheik, an sake shi ko'ina makonni kaɗan bayan mutuwarsa, kuma ya tara kuɗi sosai.

Aka yi masa addu'a a cocin St. Malachy da ke New York, aka sa gawar a jirgin ƙasa zuwa Kalifoniya, mutane suna tsayawa a tashoshi suna kallon wucewarta. Da aka isa sai wata matsala ta taso: mutumin da dubban mutane suka yi wa kuka bai da kabari, kuma bashi ya bari. June Mathis, matar nan da ta fara gano shi, ita ta ba da aron gurbin da ta tanada a maƙabartar Hollywood, da niyyar na ɗan lokaci ne kafin a gina masa katafaren wuri. Aka yi ta zane-zane da alƙawura. Ba a gina komai ba. Mathis ta mutu a shekarar da ta biyo, 1927, kuma har yau suna nan kwance gefe da gefe. A watan Oktoban wannan shekarar aka saki The Jazz Singer, fim ya fara magana, zamanin ya kama hanyar ƙarewa.

Kuna tambayar ina Florence Lawrence? Ta ji mummunan rauni wajen ɗaukar wani fim da aka kunna wuta a cikinsa, ta daɗe tana jinya, kafin ta dawo an riga an samu sababbin fuskoki. Mace ce mai kaifin basira, har ta ƙera wani hannu da ake maƙalawa a bayan mota yana nuna inda direba zai juya, amma ba ta yi rajistarsa ba, ba ta ci ko sisi a kai ba. Karyewar kasuwar hannun jari ta 1929 ta cinye abin da ta tara. A shekarun 1930 kamfanin MGM ya riƙa ba ta 'yan ƙananan fitowa, irin waɗanda ake tsayawa a bayan jarumi, sau da yawa ba a ko rubuta sunanta. Ta koma inda ta fara. Ranar 28 ga Disamba 1938, tana fama da ciwo mai tsanani, ta kashe kanta tana da shekara 52.

A wannan maƙabartar dai aka binne ta, wadda yanzu ake kira Hollywood Forever, tafiyar 'yan mintuna daga inda Valentino yake. Shi kowace shekara ranar 23 ga Agusta ana taruwa a yi masa taron tunawa, kuma shekaru da dama wata mace mai baƙaƙen kaya da lulluɓi takan zo ta ajiye jan fure, har mata da yawa suka riƙa jayayya kowace tana cewa ita ce ta asali. Kabarin Florence kuwa ya yi shekara 53 babu ko alama a kansa. Sai a 1991 jarumi Roddy McDowall ya biya daga aljihunsa aka kafa dutse, aka rubuta sunanta.

Sai mun haɗu a shiri na gaba.